Christine Hakim: Tauraruwar Da Ta Kai Silimar Indunisiya Idon Duniya

Duk alhajin da ya sauke farali ba ya bukatar dogon bayani a kan mutanen Indunisiya. Ya gan su a Makka da Madina, ayari-ayari, cikin tsari da natsuwa, ga su da yawa ainun, domin babu wata ƙasa da ke aika mahajjata kamarsu. Ƙasar tasu tsibirai ce fiye da 17,000 a kudu maso gabashin Asiya, mutanenta kuwa sun haura miliyan 270, akasarinsu Musulmi. Abin da ba kowa ya sani ba shi ne wannan ƙasa tana da tsohuwar sana'ar silima, da taurarinta, da gasarta ta shekara-shekara inda ake raba lambobin yabo. In kuwa aka tari mutumin Jakarta aka tambaye shi wace ce babbar 'yar wasan ƙasarsu, da wuya ya ambaci wani suna kafin na Christine Hakim, wadda yau ta haura shekara 50 tana wannan sana'a ba a daina nemanta ba.

An haife ta ran 25 ga watan Disamba, 1956, a Kuala Tungkal, wani garin bakin ruwa a lardin Jambi cikin tsibirin Sumatra. Cikakken sunanta Herlina Christine Natalia Hakim. Wanda ya ji sunan zai zaci Kirista ce, alhali kuwa Musulma ce 'yar Musulmi. Ranar haihuwarta ce ta faɗo daidai da Kirsimeti, iyayen suka raɗa mata sunan da ya dace da ranar, kamar dai yadda akan sami Azumi ko Tasalla. Ta tashi a Yogyakarta, birnin sarauta da makarantu a tsibirin Jawa. Burinta tun tana yarinya ta yi karatun zanen gine-gine, ko kuwa ilmin halayyar ɗan Adam. Wasan kwaikwayo bai taɓa shiga lissafinta ba.

HOTO A CIKIN MUJALLA

Mutanen Indunisiya suna ƙirga tarihin silimarsu ta ƙasa daga ran 30 ga Maris, 1950, ranar da Usmar Ismail ya fara ɗaukar fim ɗinsa Darah dan Doa, watau Jini da Addu'a, 'yan watanni bayan Turawan Holan sun haƙura sun amince da 'yancin ƙasar. Sana'ar ta yi ta faɗi-tashi, ta kusa mutuwa cikin rikicin siyasa na tsakiyar shekarun 1960, sa'an nan ta farfaɗo a farkon shekarun 1970 ƙarƙashin mulkin Janar Suharto. A 1973 aka tsayar da gasar fina-finai ta ƙasa ta zama ta kowace shekara, aka kuma sa wa lambar da ake bayarwa suna Citra. Harafin farko na sunan nan ana furta shi daidai yadda Bahaushe ke furta shi a cikin “ciniki”.

Cikin waɗanda suka ɗaga sana'ar a wannan zamani akwai Teguh Karya, mutumin da ya fito daga wasan dandali. A 1968 ya kafa ƙungiyar wasa mai suna Teater Populer a Jakarta, ya riƙa horar da matasa irin horon da malami ke yi wa almajiransa: a zauna tare, a karanta labari tare, a maimaita fitowa ɗaya har sai ta zauna a jiki. Sa'ad da ya koma ga silima, da almajiran nasa ya tafi, babbansu kuwa shi ne Slamet Rahardjo. Abin da ya rasa shi ne yarinyar da za ta fito tare da Slamet a wani fim na soyayya da yake shiryawa.

Sai ya ga hoton Christine a cikin wata mujalla, tana tallan tufafi. Shekarunta 16 a lokacin. Ya aika aka nemo ta. Ita da bakinta ta sha faɗa daga baya cewa da niyyar ƙin aikin ta je, amma kirkin mutumin da sanyin maganarsa suka sa ta ji nauyin ce masa a'a, har ya jawo ta sannu-sannu ba ta ankara ba. Fim ɗin shi ne Cinta Pertama, watau Soyayyar Fari, wanda ya fito a 1973. Ta fito a matsayin Ade, 'yar mai kuɗi da ta haɗu da wani saurayi a jirgin ƙasa, ta so shi, sa'an nan aka tono cewa yana da wani tsohon tabo a rayuwarsa. Labari ne irin wanda aka saba gani, ba abin da zai sa a tuna da shi. Amma a gasar 1974 alƙalai suka tsallake manyan 'yan wasa suka miƙa wa wannan sabuwar yarinya lambar Citra ta macen da ta fi kowa iya wasa. Da ma ta ƙudura daga wannan fim ta gama. Lambar nan ce ta ɗaure ta.

Abin da alƙalan suka gani shi ne abin da har yau ake gani in ta fito. Yawancin 'yan wasan wancan zamani in an ce su yi baƙin ciki sai su ɓarke da kururuwa, su dafe kai, su zube ƙasa. Ita kuwa sai ta yi shiru, ta bar idanunta su yi maganar. Kyamara tana son irin wannan fuska, domin tana kusantowa ta kama abin da mai kallon dandali ba zai hango ba. Teguh Karya ya gane haka tun farko, ya kuma ɗora ta a kan hanyar.

MATAN DA TA FITO A MADADINSU

Ƙarshen shekarun 1970 da shekarun 1980 lokaci ne na kasuwa ga silimar Indunisiya. Fina-finan ban dariya na 'yan Warkop da na ban tsoro irin na Suzzanna su ke cika gidajen kallo, ga kuma waɗansu da ake yi don nuna jikin mata kawai. 'Yar wasa mai farin jini tana iya fitowa a fina-finai da yawa cikin shekara guda ta tara dukiya. Christine ba ta bi wannan hanya ba. Ta zama mai zaɓe, tana duba labari da mai ba da umarni kafin ta amsa, tana kuwa mayar da ayyuka da dama. Wannan ya rage mata kuɗi, amma ya tsare mata mutunci, kuma shi ya sa fina-finanta ba su tsufa da wuri ba.

A 1977 ta karɓi Citra ta biyu saboda Sesuatu yang Indah na Wim Umboh. A wannan shekara kuma aka fito da Badai Pasti Berlalu, watau Guguwa Za Ta Wuce, wanda Teguh Karya ya ɗauko daga littafin marubuciya Marga T. Nan ta fito a matsayin Siska, budurwar da saurayinta ya yaudare ta, wani ya nemi soyayyarta a kan caca da abokai, wani kuma ya tilasta mata aure da barazanar tona asirin mahaifinta. Waƙoƙin fim ɗin, waɗanda Eros Djarot ya tsara, Chrisye da Berlian Hutauruk suka rera, sun shahara har sun kusa danne fim ɗin kansa, kuma har yanzu ana lissafa faifan cikin mafiya daraja a tarihin kiɗan ƙasar. Bayan shekara biyu ta sake cin lambar da Pengemis dan Tukang Becak, labarin talakawan birni, almajirai da masu tuƙa keken nan mai ƙafa uku da ke ɗaukar fasinja.

Amma wanda yake son ya ga gwanintarta a cikin ƙaramin abu sai ya nemi Di Balik Kelambu na 1983, watau Bayan Gidan Sauro. Babu yaƙi a ciki, babu kisa. Miji da mata ne, Hasan da Nurlela, suna zaune a gidan mahaifin matar saboda ƙarfin mijin bai kai ya kama nasu ba. Surukin ba ya gajiya da gwada shi da sauran surukansa masu hali. Mijin ya fara jin gidan ya yi masa zafi, ya riƙa daɗewa a waje, zargi ya shiga tsakani. Nurlela tana tsakiya, ga uba ga miji, ba ta iya saɓa wa ɗaya don ta faranta wa ɗaya. Duk matar da ta taɓa zama a irin wannan hali za ta gane kanta a cikin yadda Christine ke ajiye kwano, da yadda take haɗiye magana ta juya baya. Ita da Slamet Rahardjo duka suka karɓi Citra a kan wannan fim. Ta biyar kuwa ta zo mata a 1985 da Kerikil-Kerikil Tajam na Sjumandjaja, mai ba da umarnin da ya yi karatun silima a Masko, labarin 'yan matan ƙauye da ke tafiya birni neman aiki da irin ƙayar da suke takawa.

In aka jera waɗannan mata za a ga abu guda ya haɗa su. Ba sarauniyoyin kyau ba ne masu jiran a cece su. Mata ne da duniya ta matse, suna neman yadda za su tsaya da ƙafarsu ba su zubar da girmansu ba. A ƙasar da hukumar tace fina-finai ke bin kowane labari da almakashi, Ma'aikatar Watsa Labaru kuma ba ta son a nuna talauci ƙiri-ƙiri, fitowa a irin waɗannan labaru ma wata magana ce.

JARUMAR ACEH

Aikin da ya raba ta da sauran tsararrakinta ya zo a 1988. Kafin a fahimci nauyinsa sai an koma tarihi.

Aceh tana can ƙarshen arewacin Sumatra, daular Musulunci ce mai sarakunanta da malamanta tun ƙarni na 16, ana yi mata laƙabi da Zauren Makka domin daga nan mahajjatan tsibiran ke shiga jirgin ruwa. A 1873 Turawan Holan suka kai mata yaƙi suna tsammanin aikin 'yan makonni ne. A karon farko aka harbe kwamandansu, Janar Köhler, kusa da babban masallacin Baiturrahman, suka ja da baya. Suka dawo da ƙarfi suka kama fadar, amma ƙasar ta ƙi kamuwa. Yaƙin ya ci fiye da shekara 30, ya cinye dukiya da rayuka ba iyaka, har sai da Holan ta nemi shawarar wani masaninta, Snouck Hurgronje, wanda ya taɓa shiga Makka da sunan Abdul Gaffar. Shi ya nuna musu cewa ƙarfin Aceh yana hannun malamai, su za a fatattaka, a jawo sarakunan gargajiya a jika.

Cikin wannan wuta Cut Nyak Dhien ta yi rayuwarta. An haife ta a 1848 a gidan sarauta. Mijinta na fari, Teuku Ibrahim Lamnga, ya faɗi a fagen fama a 1878. Ta auri Teuku Umar a 1880, mayaƙi mai dabara wanda a 1893 ya nuna kamar ya miƙa wuya ga Turawa, suka ba shi muƙami da makamai, sa'an nan a 1896 ya juya musu baya ya tafi da bindigoginsu ɗaruruwa. A watan Fabrairu na 1899 aka yi masa kwanto aka kashe shi kusa da Meulaboh. Ana ba da labari cewa da 'yarsu Cut Gambang ta fashe da kuka, uwar ta tsawata mata, ta ce matan Aceh ba sa zub da hawaye a kan wanda ya yi shahada. Daga nan ita ta karɓi ragamar rundunar, ta shiga dazuzzukan tsaunuka, ta yi shekara shida tana yaƙin sari-ka-noƙe. Tsufa ya kama ta, ciwon gaɓoɓi ya sa ta gaba, idanunta suka kusa rufewa, abinci ya ƙare, mayaƙa suka yi ta raguwa. A 1905 wani na hannun damanta, Pang Laot, ya kasa jure ganin halin da take ciki, ya je ya gaya wa Turawa maɓoyarta bisa sharaɗin za su kula da ita. Aka kama ta, aka kai ta can Sumedang a yammacin Jawa, inda ta ƙare kwanakinta tana koyar da Alƙur'ani, mutanen garin ba su ma san ko wace ce ba. Ta rasu ran 6 ga Nuwamba, 1908. A 1964 gwamnati ta sa ta cikin jerin gwarazan ƙasa.

Wannan mata ce aka ce Christine ta zama. Mai ba da umarnin shi ne Eros Djarot, mai kiɗan nan na Badai Pasti Berlalu, ƙanen Slamet Rahardjo, wanda bai taɓa jagorantar fim ba kafin nan. Slamet ya fito a matsayin Teuku Umar. Aka rubuta sunan fim ɗin da tsohon rubutun zamanin Holan, Tjoet Nja' Dhien. A Aceh aka ɗauke shi, cikin daji da ruwan sama da taɓo, kuɗi suna yankewa ana tsayawa ana ci gaba, har aikin ya ci fiye da shekara biyu. Mace mai shekara 30 da 'yan kai, wadda jama'a suka saba gani da kwalliya a bangon mujallu, ta koma tsohuwa ramammiya, makauniya, ana ɗauke da ita a kan makara daga wannan tsauni zuwa wancan, bakinta bai rabu da ambaton Allah ba.

Darajar fim ɗin ita ce bai mai da ita gunki ba. An nuna taurin kanta yadda yake, an nuna yadda wannan taurin kai ke ci wa mabiyanta rai, an kuma bar mai kallo da tambaya mai wuya game da Pang Laot: maci amana ne, ko kuwa mai tausayi ne da ya rasa wata hanya? A fitowar ƙarshe, sa'ad da sojan Holan suka kewaye ta cikin ruwan sama ta gane wanda ya kawo su, fushin da ke fuskar Christine ya fi na fagen yaƙi tsanani. Fim ɗin ya kwashe lambobin Citra na 1988, har da na fim mafi kyau da na mai ba da umarni, ita kuma ta karɓi ta shida. A 1989 aka nuna shi a bikin fina-finai na Cannes a Faransa, karo na fari ke nan da fim ɗin Indunisiya ya shiga wannan babban taro. Christine ta sha cewa wannan aiki ne ya amsa mata tambayar da ta daɗe tana yi wa kanta game da ko ita wace ce.

Akwai wani abin takaici a nan. A daidai lokacin da Jakarta ke tafa wa jarumar Aceh a gidajen silima, gwamnatin Suharto tana shirin tura soja lardin don murƙushe 'yan tawayen GAM masu neman ɓallewa. Daga 1989 zuwa 1998 Aceh ta zauna ƙarƙashin dokar soja, aka kashe mutane dubbai. A 1998 kuma aka buga hoton Cut Nyak Dhien a takardar kuɗi ta rufiya 10,000.

SA'AD DA KASUWA TA MUTU

Ba a daɗe da wannan nasara ba sai sana'ar ta durƙushe. Gidan talabijin mai zaman kansa na farko, RCTI, ya buɗe a 1989, waɗansu suka biyo baya, jama'a suka koma kallon wasannin da ake kira sinetron a ɗakunansu kyauta. Manyan gidajen silima na birane suka taru a hannun kamfani guda wanda ya fi son fina-finan Amurka da na Hon Kon. Ƙasar da ke fitar da fim fiye da 100 a 1990 ta koma 'yan ƙalilan a ƙarshen shekarun. Gasar Citra kanta ta tsaya bayan 1992, ba a sake yin ta ba sai 2004. 'Yan wasa da yawa suka koma talabijin, waɗansu suka bar sana'ar ɗungum.

Christine ta fito a wani fim na Japan, Nemuru Otoko na Kohei Oguri, a 1996. Sa'an nan ta yi abin da masu hankalin kasuwa za su kira wauta: ta kafa kamfaninta, ta ɗauki nauyin fim a lokacin da kowa ke gudu. Ta haɗa kai da wani matashin mai ba da umarni, Garin Nugroho, wanda ya riga ya yi fim na gaskiya a kan yaran titi na Yogyakarta, garin da ta tashi. Suka ɗauko yaran nan su kansu, Kancil da Heru da Sugeng, suka sa su fito da sunayensu. Ita ta fito a matsayin Asih, matalauciya mai tallan batik, wadda yaran ke raɓawa kamar uwa ko da yake ita ma ba ta da abin ba su. Batik ɗin nan, in mai karatu bai sani ba, shi ne zanen Jawa da Turawa suka kwaikwaya suka fitar da atamfar da ake kira 'yar Holan.

Rashin sabo ya sa ta yi kuskure mai tsada. Don a rage kashe kuɗi, ba a riƙa aika abin da aka ɗauka ɗakin wanke fim kashi-kashi ba, sai da aka gama aka aika gaba ɗaya. Can aka aiko mata da labari cewa kyamarar tana da lahani, duk abin da aka ɗauka bai da amfani. Wani da ya haƙura ke nan. Ita ta sake tara mutane aka koma farko. Ana cikin haka kuma tattalin arzikin Asiya ya rushe a 1997, dalar Amurka da ake saye wajen rufiya 2,500 ta haura 15,000 cikin shekara guda.

Fim ɗin, Daun di Atas Bantal, watau Ganye a Kan Matashi, ba ya lallashin mai kallo. Yaran uku duka mutuwa suke yi ɗaya bayan ɗaya, ɗaya a kan rufin jirgin ƙasa, ɗaya a hannun 'yan damfarar inshora, ɗaya kuma da wuƙar da ba shi aka nufa da ita ba. Na ƙarshen ko kabari sai da ya gagara, domin ba shi da katin shaida, babu unguwar da ta yarda nata ne. Aka nuna shi a Cannes cikin watan Mayu na 1998, a makonnin da Jakarta ke cin wuta, Suharto kuma ya sauka ran 21 ga watan bayan shekara 32 yana mulki. A bikin fina-finan Asiya da Fasifik na wannan shekara fim ɗin ya zo na ɗaya, ita kuma ta karɓi lambar 'yar wasa. Ba shi kaɗai ya tayar da sana'ar ba, wannan sai da matasa irin su Mira Lesmana da Riri Riza suka jawo jama'a gidajen kallo a farkon shekarun 2000. Amma shi ya riƙe fitilar a daren da ya fi duhu.

A 2001 ta sake sa hannu a shirya Pasir Berbisik na Nan Achnas, wanda aka ɗauka a rairayin dutsen Bromo, ta fito uwar wata sabuwar yarinya, Dian Sastrowardoyo, wadda ba da jimawa ba ta zama tauraruwar zamaninta. A 2002 aka gayyace ta Cannes, wannan karo a kujerar alƙalai, tare da David Lynch da Sharon Stone da Michelle Yeoh, a shekarar da The Pianist ya ci babbar lamba. Ba a taɓa ba wani ɗan Indunisiya wannan kujera ba kafin ita.

Ran 26 ga Disamba, 2004, girgizar ƙasa ta tayar da igiyar teku ta share gaɓar Aceh, mutum fiye da 160,000 suka mutu ko suka ɓace a lardin. Christine ta koma ƙasar da ta ba ta babban aikinta, ta ɗauki nauyin wani fim na gaskiya mai suna Serambi, watau Zaure, a kan waɗanda suka tsira, aka nuna shi a Cannes a 2006. Daga baya aka naɗa ta jakadiyar fatan alheri ta hukumar UNESCO, inda ta fi mai da hankali ga ilmi da halin malaman makaranta.

UWA DA KAKA

Sana'ar silima ba ta da tausayi ga mace in shekaru suka ja. Christine ba ta yi kokawa da shekarunta ba, ta bi su. A 2010 ta fito tare da Julia Roberts a fim ɗin Amurka Eat Pray Love, a matsayin Wayan, mai maganin gargajiya a tsibirin Bali. Ƙaramin aiki ne in aka gwada da abin da ta saba, fim ɗin kuma bai kai darajar nata na gida ba, sai dai ya sa miliyoyin da ba su taɓa jin sunanta ba sun ga fuskarta. A 2013 ta zama matar Shaihu Hasyim Asy'ari a cikin Sang Kiai, tarihin malamin da ya kafa ƙungiyar Nahdlatul Ulama a 1926.

Wanda ya fi taɓa zuciya cikin ayyukanta na girma shi ne Kartini na Hanung Bramantyo, 2017. Kartini ita ce 'yar sarautar Jepara da ta yi fafutukar ilmin mata, ta rasu a 1904 tana da shekara 25, ake kuma tunawa da ita kowace 21 ga Afrilu. Dian Sastrowardoyo ta fito a matsayinta, Christine kuwa ta sake zama uwarta, Ngasirah. Ngasirah 'yar malami ce, ita ce uwargida, amma ba jinin sarauta ba ce. Da mijin ya tashi hawa gadon sarauta sai al'ada ta tilasta masa auren 'yar sarki, aka mai da uwargida ɗakunan baya, 'ya'yan da ta haifa suna kiranta da sunan da ake kiran baranya, ita kuma tana durƙusa musu. Christine ta yi wannan fitowa kusan duk a durƙushe, kanta a sunkuye, amma ita mutane suka fita suna zance. Ta karɓi Citra ta mai taimaka wa jaruma.

Bayan shekara biyu ta ba kowa mamaki, ta amsa kiran Joko Anwar ta fito a fim ɗin ban tsoro, Perempuan Tanah Jahanam, a matsayin Nyi Misni, muguwar tsohuwa mai tsafi a wani ƙauye da aka la'anta. Masu kallon da suka girma suna ganinta uwa mai haƙuri suka fita da tsoronta, alƙalai kuma suka ƙara mata wata lambar a 2020. A watan Janairu na 2023 ta bayyana a kashi na biyu na wasan talabijin na HBO, The Last of Us, a matsayin Farfesa Ratna Pertiwi, masaniyar ƙwayoyin funfuna a Jami'ar Indunisiya, wadda soja suka ɗauko don ta duba gawar farko ta wata annoba. Fitowar 'yan mintoci ce, da harshen Indunisiya ta yi ta, hannunta na rawa a kan kofin shayi sa'ad da take gaya wa janar ɗin cewa babu magani, babu rigakafi.

Teguh Karya, wanda ya ga hotonta a mujalla, ya rasu a 2001. Shi kuwa fim ɗin Tjoet Nja' Dhien, da faifansa ya fara lalacewa saboda zafi da laima, sai aka kai shi Holan, ƙasar da jarumar ta ƙare ƙarfinta tana yaƙa, inda gidan adana fina-finai na Eye da ke Amsterdam ya taimaka aka gyara shi. Ran 20 ga Mayu, 2021, aka sake nuna shi a gidajen silima na Indunisiya, shekara 33 bayan fitowarsa ta fari.